Ku Tambaya Mu Amsa: Yaya zan hana gem ɗina tura sebin zuwa rumbun intanet?

Assalamu alaikum masu karatu. Saƙonnin wannan makon kusan duk a kan abu ɗaya suka zo, wato rumbun intanet ɗin nan da ake ajiye sebin, wato inda mutum ya tsaya a gem, rumbun da za ku ga an rubuta Cloud a sikirin. Na zaɓo huɗu daga nan cikin Jos, na farkon shi ya fi taɓa ni don haka zan daɗe a kansa.

Tambaya ta farko, daga wani ɗalibi, Unguwar Rogo:

"Salam Malam, dan Allah a taimaka min wallahi raina a ɓace yake. Ina buga Elden Ring a Steam a laftof ɗina, a hostel ba ni da data sosai shi yasa nake sa shi offline, na yi wajen sati biyu ina bugawa dare da rana na kashe manyan dodanni har uku. Ashe ƙanina a gida ya shiga da akawun ɗina a kwamfutar babanmu ya ɗan buga. Ranar da na kunna hotsifot sai wani akwati ya fito wai in zaɓi Local Save ko Cloud Save, na ga kwanan watan na Cloud ya fi sabo sai na danna shi, shikenan na koma inda nake sati biyu baya. Yaya zan kashe abin nan gabaɗaya, kuma akwai yadda zan dawo da nawa?"

Wa'alaikumus salam ƙanina. Sannu, gaskiya na ji maka, sati biyu na rashin barci ba wasa ba ne, kuma wanda bai taɓa zama ya yi ta fama da dodo ɗaya sau talatin ba ba zai gane abin da ya fita daga hannunka ba.

Bari in fara da yadda abin yake aiki don ka gane inda aka samu matsala. Kamfanin Valve, mai manhajar Steam da ake sayen gem a buga a kwamfuta, ya fito da Steam Cloud tun 2008, kuma aikinsa guda ɗaya ne, in ka rufe gem sai ya ɗauki fayil ɗin sebin ɗinka ya tura can rumbunsu, in za ka buɗe kuma sai ya duba ko na can ya fi na kwamfutarka sabunta ya sauko maka da shi. Mutane da yawa suna ɗaukarsa kamar akwatin ajiya ne da yake tara tsofaffi da sababbi, alhali shi kamar allon makaranta yake, in an wanke an rubuta sabo to tsohon rubutun ya tafi. Kai ka yi sati biyu ba ka hau intanet ba, don haka rumbun bai san da aikinka ba sam, shi kuma ƙaninka da ya shiga tsohon sebin ya sauko masa, ya buga ko minti ashirin ne ya rufe, aka tura nasa da sabon kwanan wata. Da ka dawo sai Steam ya ga fayil biyu kowanne ya canja ta gefensa, bai san wanne ne na gaskiya ba, shi ne ya tambaye ka. Kwanan watan da yake nuna maka na ranar da aka taɓa fayil ne na ƙarshe, bai san komai ba game da wanda ya fi nisa a wasa. Kuma Elden Ring fayil ɗaya tal yake zuba duk jaruman da ka ƙirƙira, sunansa ER0000.sl2, shi yasa dannawa ɗaya ta kwashe komai.

Batun dawo da shi, ba zan yi maka alƙawari ba amma ga abin da za ka gwada, kuma kafin nan dan Allah kar ka sake buɗe gem ɗin. Danna madannin Windows da R tare, rubuta %appdata% ka danna Enter, nemi foldar EldenRing, a cikinta akwai wata folda mai dogayen lambobi, shiga. Za ka ga fayil ɗin da na faɗa, kusa da shi kuma akwai wani mai suna ɗaya amma ƙarshensa .bak, wannan gem ɗin ne da kansa yake ajiye shi. Duba kwanan watansa. In ya dace da daren ƙarshe da ka buga a hostel to ka gode wa Allah, ka kwafe foldar duka zuwa filash tukuna, ka kashe Cloud kamar yadda zan nuna maka, sannan ka matsar da na farkon gefe ka cire .bak ɗin daga sunan na biyun. In kuwa ka ci gaba da bugawa bayan abin ya faru, to akwai yiwuwar shi ma an rubuta a kansa. Abu na biyu, danna foldar da hannun dama na mawus ka shiga Properties ka duba Previous Versions, sai dai wannan ba ya nuna komai sai in dama can an kunna ajiyar Windows ɗin, kuma yawancin laftof ɗin da muke saya na hannu ba a kunna ba.

Toh yanzu kashewa. Hanya biyu ce. Ta gem ɗaya: buɗe Library, danna sunan gem ɗin da hannun dama, Properties, a shafin General za ka ga layin da ya ce a ajiye sebin a Steam Cloud, ka kashe makunnin. Ta duka gaba ɗaya: can sama hagu ka danna Steam, Settings, Cloud, ka kashe Enable Steam Cloud. Ka ce gabaɗaya kake so, na san zafin rai ne, amma ni dai shawarata ka tsaya a ta farko. Dalilina, na ga abin da ya faru da wani yaron unguwarmu da ya kashe duka saboda irin haushin nan naka, wata huɗu bayan nan aka kawo wuta da ƙarfi cikin dare laftof na jone, had disik ya tafi, mai gyara a Terminus ya juya shi ya sa a kunne ya ce sai dai sabo. Gem ɗin kam ya sake saukewa tunda ya riga ya saya, amma sebin na gem bakwai babu ko ɗaya, ya zauna a bencin shagon ya kasa ko tashi. A garin da wuta take zuwa ta tafi ba sallama, ga sata a hostel, ga fomatin da ake yi wa kwamfuta duk lokacin da ta fara nauyi, rumbun nan ya ceci mutane fiye da waɗanda ya sa kuka.

In dai ka kashe to nauyin ajiya ya dawo wuyanka, kuma ba a fafe gora ranar tafiya. Nemi filash ko da ƙarami ne, duk ranar Juma'a ko duk sanda ka wuce wani wuri mai wuya ka rufe gem ka kwafi foldar nan ka sa mata kwanan wata a suna, kar ka rubuta sabuwa a kan tsohuwa, bar guda uku ko huɗu a jere. Minti ɗaya ne aikin.

Sai abin da mutane ke mantawa, kashe makunnin nan ba ya goge abin da ke can rumbun, tsohon sebin na nan kwance yana jiranka. Ranar da ka sake kunnawa, ko bayan shekara ne, akwatin nan zai iya sake fitowa, kuma ranar ce mafi hatsari. Duk sanda ka gan shi kar ka zaɓi komai, danna Cancel, je ka kwafi foldarka, sannan ka dawo ka zaɓa, in ka yi kuskure ma kana da abin komawa. Kuma ka duba agogon kwamfutarka, tsofaffin kwamfutoci da ɗan ƙaramin batirin cikin allonsu ya mutu suna farkawa da kwanan watan shekarun baya in an ɗauke wuta, sai sebin na jiya ya fito kamar tsoho tukuf.

Asalin ciwon kuma shi ne ku biyu a akawun ɗaya. Ka buɗe wa ƙaninka nasa, kyauta ne, sannan ka haɗa ku a Steam Families wanda aka buɗe wa kowa a Satumbar 2024, yana ɗaukar mutum 6 'yan gida ɗaya, zai buga gem ɗin da ka saya amma da nasa sebin, sai dai in kwafi ɗaya kuka mallaka ba za ku buga gem ɗaya a lokaci guda ba. Ka canja fasuwod ɗinka bayan nan, kuma kar ka yi masa faɗa sosai, bai san abin da zai jawo ba.

Tambaya ta biyu, daga wani ma'aikaci, Bukuru:

"Yallabai barka da aiki. Data na yana ƙarewa kamar ana zuƙa da tsinke duk sanda na haɗa laftof da wayata na buɗe Steam ko Epic. Abokina ya ce cloud save ne ke shanyewa in kashe. Haka ne?"

Barka kadai Malam. Abokinka ya kama ɓarawon da ba shi ba ne. Yawancin fayilolin sebin ƙanana ne ƙwarai, wasu ko megabayit ɗaya ba su kai ba, na Elden Ring da muka yi magana a sama ma da ake ganin babba ne wajen megabayit 28 ne, gajeren bidiyo ɗaya a WhatsApp ya kai haka. Inda zan yarda da shi kawai shi ne irin Football Manager, wanda in ka loda ƙasashe da yawa ka yi shekaru kana kociya fayil ɗin kan haura megabayit 100, shi kuma a wurin sebin ne kake zaɓar ko a kwamfuta ko a rumbun, sai ka zaɓi kwamfuta.

Mai shan datarka ofdet ne. Gem irin GTA V ya haura gigabayit 90, gyara ɗaya da za a turo wa manyan gem irinsa zai iya cinye datar wata guda kana zaune kana shan shayi, kuma da ka buɗe Steam yake fara saukewa ba tare da ya tambaye ka ba. Tun da aka amince wa kamfanonin waya ƙarin kashi 50 a kan farashi a Janairun 2025 kowa ya fara lissafin megabayit, don haka na gane damuwarka. Ka shiga Properties na kowane babban gem, Updates, ka zaɓi wanda ya ce sai ka buɗe gem ɗin za a yi ofdet. A Settings, Downloads kuma kana iya rage gudun saukewa, kana iya kashe Shader Pre-Caching shi ma yana ɗan jan nasa. A Epic ma akwai makunnin Auto Update a Manage na kowane gem. Sannan a Windows ka shiga Network & internet, ka danna sunan hotsifot ɗinka ka kunna Metered connection, wannan zai sa Windows ɗin kansa ya rage saukar da nasa kayan a kan datarka. In ka yi waɗannan ka bar sebin ɗin a kunne, ka duba bayan sati ɗaya ka rubuto min.

Tambaya ta uku, daga wata ɗalibar jami'a, Farin Gada:

"Assalamu alaikum Yaya. Ni The Sims 4 nake bugawa, na gina gidaje da iyalai tun ina aji ɗaya. Kwanan nan sai nake ganin wani ɗan hoton gajimare a jikin foldodina, kuma ana ta turo min saƙo wai wuri ya cika, gem ɗin ma wani lokaci ya ƙi yin sebin. Na duba ko'ina a cikin gem ban ga inda ake kashe cloud ba."

Wa'alaikumus salam ƙanwata. Ba za ki gani ba don The Sims 4 a kwamfuta ba ya tura sebin ɗinsa ko'ina, a Documents yake ajiyewa, cikin Electronic Arts, The Sims 4, saves. Gajimaren da kike gani na OneDrive ne, wanda yake zuwa tare da Windows, in an shiga da akawun na Microsoft sau da yawa yana ɗaukar Documents da Desktop da Pictures duka ya riƙa turawa nasa rumbun. Kyautar da yake bayarwa gigabayit 5 ce, ke kuma in kina sauke kayan sawa da gashi da kujerun da mutane ke ƙirƙira wa gem ɗin, foldar Mods kaɗai za ta cinye wannan. Ga shi kuma yana ƙoƙarin ɗaukar fayil a daidai lokacin da gem yake rubutu a kansa, shi ne kike ganin sebin ya ƙi.

Nan ki bi a hankali dan Allah, saboda wurin nan ne mutane ke firgita. Da farko ki danna foldar The Sims 4 da hannun dama ki zaɓi Always keep on this device, ki jira har alamar ta koma kore, don wasu fayilolin suna iya kasancewa sunansu kawai ke kwamfutarki ainihinsu yana can. Sai ki kwafe saves da Tray da Mods zuwa filash, Tray ɗin nan shi ke riƙe da gidaje da iyalan da kika ajiye a laburare, kar ki manta shi. Bayan nan ki danna gajimaren da ke ƙasa kusa da agogo, Settings, Sync and backup, Manage backup, ki kashe na Documents. Da kin kashe za ki iya buɗe Documents ki gan shi wayam, kar gabanki ya faɗi, kayan suna cikin foldar OneDrive, ki kwaso foldar Electronic Arts ki dawo da ita Documents na kwamfutar, ki buɗe gem ki tabbatar iyalanki na nan kafin ki goge komai a ko'ina. Kuma tunda furojet ɗinki na makaranta ma a Documents yake zama, daga yau shi ma ba mai tura miki shi, ki riƙa aika wa kanki ta imel.

Tambaya ta huɗu, daga mai gidan gem, Nasarawa Gwong:

"Malam ina da shagon gem, PS4 huɗu da kwamfuta biyu. A kwamfutocin akawun ɗaya nake amfani da shi na GTA V, yara suna ɓata sebin, wannan ya buga a nan ya bayyana a can, rigima kullum. Ina so in kashe, kuma ina so in goge wanda ke sama gaba ɗaya. Sannan wani yaro ya ce in kashe masa na eFootball."

Alhaji Allah ya ba da kasuwa. Kai kam kana cikin waɗanda zan ce su kashe ba tare da na yi jayayya ba, don inji biyu da hannu ashirin a akawun ɗaya rumbun ba zai taɓa sanin na wa zai riƙe ba. Sebin ɗin GTA V ta manhajar Rockstar Games Launcher yake bi ko da a Steam ko Epic ka saya, don haka can za ka je, Settings, ka danna sunan gem ɗin a jerin waɗanda ka sa, ka cire alamar Enable cloud saves, a kowace kwamfuta daban. Fayilolin suna Documents, Rockstar Games, GTA V, Profiles. Ni da ni ne kai, zan samu sebin ɗaya mai kyau wanda an buɗe gari duka akwai kuɗi da motoci, in ajiye shi a filash cikin aljihuna, duk safiya kafin yara su zo in zuba shi a kwamfutocin, kowa ya ɓata ya ɓata wa yinin ranar kawai. In kana da gem na Ubisoft, nasu makunnin na Settings, General a Ubisoft Connect, na Epic ma yana cikin Settings ɗinsa. Manhajar Xbox ta kwamfuta ce ba ta da makunni, ita sai dai ka cire intanet.

PS4 ɗinka kuwa in ba ka biyan PlayStation Plus to ba abin da suke turawa, rumbun Sony na masu biya ne. In kana biya, Settings, Application Saved Data Management, Auto-Upload, ka cire alamar. A wurin nan dai za ka ga inda ake kwafa zuwa filash. Ka riƙe wannan in ka tashi sayen PS5, sebin na gem ɗin PS5 ba ya kwafuwa zuwa filash ɗaya-ɗaya kamar na PS4.

Gogewa daga sama ta fi kashewa wuya. A Steam akwai shafi a cikin akawun ɗinka da ke nuna duk fayilolin da ke rumbun, kana iya sauke su amma babu madannin gogewa, kuma in ka goge a folda kawai ka buɗe gem sai a sake sauko maka da su. Hanyar da ta fi tsafta ita ce ka bar rumbun a kunne, ka shiga cikin gem ɗin ka goge sebin daga menu ɗinsa ko ka fara sabon wasa a kansa, ka fita ka jira ya gama turawa, sannan ka kashe makunnin. Ka kwafa tukuna, ko da kana ganin ba ka so.

Shi kuma yaron eFootball ka ce masa ya yi haƙuri, ƙungiyarsa ta Dream Team da 'yan wasan da ya tara a kwamfutocin Konami, kamfanin da ya yi gem ɗin, suke zaune, haka GTA Online, haka Ultimate Team na EA, haka Free Fire da PUBG na waya, waɗannan babu fayil a shagonka balle a kashe turawa. Abin da zai yi shi ne ya haɗa wasansa da Konami ID nasa na kansa, ya riƙa fita daga akawun ɗin kafin ya miƙa wa na bayansa pad.